Muryar da Ba Ta I'ina

Da hantsi wata dattijuwa ta shigo ofishin Sufeto. 'Yarta, jarumar fim ɗin da kowa ya sani, kwana biyu ke nan ba ta dawo gida ba. Ga ciwon asma, ga abin shaƙarta an bar shi a kan gado.

Ta kunna masa saƙon murya: "Umma, na yi tafiya, kada ki neme ni."

"To ai ga ta nan, Baba, lafiyarta ƙalau," in ji Sufeto.

"Ɗan nan, ni na haife ta. I'ina take yi tun tana ƙarama, ko Umma ba ta iya faɗa a tashi ɗaya. Wannan muryar fim ce."

Sufeto ya sa aka kira masa daraktan fim ɗin jarumar.

Darakta ya rantse har da dafa ƙirji wai jarumarsa da bakinta take magana. Sufeto ya ajiye ankwa a kan tebur. Nan take gumi ya karyo wa mutumin.

"Ranka ya daɗe, sirrin sana'a ne. Ita baki kawai take motsawa. Wata ce ke ɗora mata murya a sutudiyo."

A sutudiyon suka tarar da mai ɗora muryar zaune gaban madubi. Ɗaurin ɗankwalin jarumar, zamanta, hatta murmushin, duk ta kwaikwaya. Sufeto ya matso kusa da ita.

"Yaushe rabonki da ita?"

"Wata guda."

"Wannan ɗan kunnen fa? Uwarta ta ce da shi ta fita shekaranjiya."

Idonta ya kai kan ƙofar ɗakin ɗaukar murya, wanda aka lulluɓe bangonsa da soso don kada sauti ya fita. Ko ihu mutum ya kwana yana yi a ciki, ba mai ji.

"Kofur, ɓalle ƙofar nan!"

Jarumar na kwance a ƙasa, numfashinta na fita da ƙyar kamar ana jan zare. Dattijuwar ta durƙusa ta danna mata abin shaƙa a baki.

"Shekara bakwai ni ke kuka, ita ake wa tafi," in ji mai ɗora muryar, ana sa mata ankwa. "Ni ce ita! Har na manta akwai wanda ya san wata muryar."

Aka fita da ita. Sufeto bai motsa ba, don har yanzu ƙirjin yarinyar bai daidaita ba. Can sai ta buɗe ido.

"U... U... Umma."

Dattijuwar ta fashe da kuka. "Yauwa. Wannan ce tawa."