Ɗan Rum da Mai Rogo

Shekarar da aka raba wa ma'aikata kuɗin Udoji na ƙarin albashi aka zo gina firamare a Farin Dutse. Cikin maginan akwai wani dogon saurayi ɗan Kiyako, Hambali, bai daɗe da dawowa daga Libiya ba. Turai, 'yar ƙanena Abdulsalami, ita ke kai musu dafaffen rogo da ƙuli a bayan gonar babanta, inda suke fasa dutse a wani kwari mai kama da ƙwarya.

Ranar farko tana can sama, tire a ka, shi yana tsakiyar kwarin shi kaɗai. Bai ɗaga murya ba, amma ta ji shi kamar a kunnenta yake.

"Mai rogo, a taimaka wa baƙo."

Ta waiga dama, ta waiga hagu, sannan ta hango shi. Ta sauko tana cewa, "Malam, mutum ne ko aljan?"

"Mutum ne, mai jin yunwa ma."

Ya ciro wani hoto daga aljihu. Gini ne zagayayye, duk matakalai, teku a bayansa. Ya ce sunan garin Lebda, mutanen Rum na da can suka haƙa ginin cikin dutse don kallon wasa. Yashi ya binne shi, shi da wasu aka ɗauka aikin kwashewa.

"Dubban mutane ke zama, kowa na ganin fili, ba mai tare wa wani. In na tsaya a ƙasa na kira abokina yana sama, sai ya ji. Kwarin babanki ma haka yake."

"Wane irin wasa?"

"Mutum da mutum. Wani lokacin mutum da zaki."

"Subhanallahi! To ci rogonka, Ɗan Rum."

Sunan ya bi shi. Shi kuma bai ƙara ce mata Turai ba, sai Mai rogona.

Akwai wani Ɗanbala, masinja a Birnin Kudu, Udoji ya saya masa babur. Shi ma yana son Turai. Ya je ya tsugunna gaban Abdulsalami ya ce, "Baba, ka san aikin da yaron nan ya yi a Libiya? Gidan da ake jefa wa zakuna mutane."

Aka kira Hambali. Bai ɓoye ba. "Baba, an yi hakan, amma tun kafin zuwan Manzon Allah. Ni yashi na kwashe. Ko ƙadangare sai ka yi sa'a kake gani."

Abdulsalami ya yarda, amma ya kawo wata. Ku sani Turai 'yar fari ce. Tun da aka haife ta bai taɓa kama sunanta ba, sai dai "yarinyar nan". Ita ma ba ta iya ɗaga ido a gabansa. Ya tsaya a bakin ƙofa ya tambaya ko tana son Ɗanbala, ta yi shiru. Ya ɗauka ta amince. Ya ce tunda Ɗanbala ya riga zuwa, da an gama sussukar dawa zai karɓi goronsa, Hambali kuma ya daina zuwa zance.

Na same shi na ce, "Kai dai ba ka san 'yarka ba. Ɗan Kiyako take so."

Ya ce, "Yaya, ke rumbu ya gyara miki kyauta."

Ya gyara ɗin kuwa, kuma ni alheri ba ya ɓace min. Amma ba don rumbu na faɗa ba.

"Sai na ji daga bakinta," in ji shi, ya kaɗe riga.

To, ta ina? Yarinya ta rame, rogon ma ta daina sa masa gishiri daidai.

Ana nan sai ga Hajjo ƙawarta da rikodar Hambali a cikin ƙwarya, an rufe da faifai. A ɗakina aka kunna.

"Salamu alaikum, Mai rogona. An gama gini, jibi za a kwashe mu zuwa Surko. Ba zan saɓa wa Baba ba. Na sayi rogo a Gwaram, na kasa haɗiyewa. In kin ce in haƙura, zan haƙura, amma ba zan warke ba. Ni ne Ɗan Rum ɗinki."

Turai ta sha kuka. Can ta share ido ta dube ni.

"Gwaggo, gobe Baba zai hau dutse korar birai?"

"Yaushe ya fasa?"

Ta miƙe ta tafi gida.

Da hantsi ta ɗauki tire, ta ja Hajjo, ni kuma na bi su da sunan neman itace. Abdulsalami na zaune can ƙoli da majajjawarsa. Ta sauka tsakiyar kwarin, ta juya masa baya, ta sunkuyar da kai. Ta yi magana a hankali kamar mai gudun tada jariri.

"Hajjo, ni ba zan iya faɗa wa Baba ba. Shirun da na yi kunya ce. Hambali nake so. In Baba ya ba ni shi, ya gama min komai."

Sai muka ji tari daga sama. Ya jefa dutse inda babu biri ko ɗaya, ya yi ihu, "Kai! Ku bar min dawa!"

Da la'asar ya shigo gidana yana sosa gemu. "Yaya, a aika Kiyako. Su turo manya."

Ɗanbala ya yi fushi na ɗan lokaci, daga baya babur ɗinsa ne ma ya ɗauko alewar biki.

Kafin ranar bikin, Hambali ya jera duwatsu a kwarin, hawa-hawa, irin na hoton. Bayan ɗaurin aure maza suka zauna gefe, mata gefe, kowa na ganin fili. Ango ya raɓo kusa ya ce, "Mai rogona, ashe kin riƙe karatun." Ta ce daga cikin mayafi, "Yi shiru, Ɗan Rum, nan wurin ba ya riƙe asiri."

Da za a tafi da amarya Kiyako, na kamo hannunta na kai ta gaban babanta a tsakiyar fili. Ya daɗe yana kallon ƙasa. Ya manta inda yake tsaye. Ya sunkuyo ya raɗa mata.

"Allah ya yi miki albarka, Turai. Allah ya zaunar da ku lafiya."

Daga matakalar ƙasa har ƙoli, kowa ya amsa, "Amin!"

Ya ja hannun babbar riga ya rufe fuska, ni kuwa na rangaɗa guɗa.