Wurin da Aka Yanke a Faifan Gada

Wata tsohuwa ce da kanta ta kawo ƙara ofishin 'yan sanda, tana dogara sanda.

"Ɗan nan, an sace min miji."

Sufeto ya ajiye biro. "Mama, yaushe ya ɓata?"

"Tun lokacin yaƙi ya mutu! A gidan adana tarihi nake ganinsa. Duk shekara sukan haska min faifan ranar da sojoji suka jera mazanmu a bakin gada suka harbe. Jiya aka haska, ga gada, ga gawarwaki, tsakiyar da mijina ke ciki babu. Kuma faifan nan kwamitin binciken kisan zai kalla, babu wani."

Sufeto ya ɗauki Kofur suka tafi da ita. A gidan tarihin ba a fasa ƙofa ba. Matar da ke kunna majigi ta ɗaga fim ɗin wajen haske.

"Ga inda aka yanke aka manne. Ranka ya daɗe, wannan ba aikin ɗan koyo ba ne."

"Su wa suka iya?"

"Daga ni sai shugabanmu, Baba Faifai."

Kofur ya miƙa hannu zai taɓa, sai aka daka masa tsawa daga baya.

"Kai! Da wannan hannun mai maiƙo? Ina safar hannunka?"

Baba Faifai ne.

A ofishin shugaban, Sufeto ya tambaye shi kai tsaye.

"Ni na yanke," in ji shi. "Wurin ya ruɓe, zai lalata sauran. Na ƙone shi."

"Ka ƙone?"

"Ƙurmus."

Sufeto ya dube shi ya daɗe. Mutumin da bai yarda yatsa ya taɓa fim ba, shi zai sa masa ashana?

"Baba, ƙishi nake ji. Kofur, buɗe firjin can."

Tsohon ya zabura ya tare. Kofur ya kawar da shi. Bayan gorunan ruwa ga ƙaramin gwangwani, ciki fim a naɗe tsaf cikin farin ƙyalle.

"Maƙaryaci!" Sufeto ya buga tebur. "Wa kake ɓoyewa?"

Baba Faifai ya sulale kan kujera. "Yayana. Shi ne mai ɗaga hannu a yi harbin, fuskarsa ta fito sarai. Shi ya rene ni. Na kunna ashanar, wallahi na kasa."

Tsohuwar na tsaye bakin ƙofa.

"Kai kana da yaya, ni ba ni da miji ko? Shekara da shekaru kana ba ni kujera, kana ce min sannu Mama, ashe ka san mai hannun!"

Aka sa masa ankwa. Har an kai shi bakin mota ya waiwayo, ya ga gwangwanin a hannun Sufeto.

"Don Allah kada ku bar shi a rana!"

"Leda kake tausayi," in ji tsohuwar. "Mazanmu kwana suka yi ta yi a rana, ba wanda ya rufe su."