An Yi wa Mai Rai Sadakar Sha Uku

Kusum na durƙushe gaban murhu tana gasa gurasar roti, sai ga mijinta Brijlal ya shigo tsakar gida, kai a aske tal, ya yafa farin ƙyalle, ko takalmi babu. Gabanta ya yanke ya faɗi.

"Maigida, wa ya mutu? Ina Yaya?"

Yayar da take tambaya Phoolmati ce, matar wan Brijlal. Wata shida ke nan da mijinta ya rasu, ya bar mata gonar rake a bakin magudanar ruwa, ga shi ba ta da ɗa. Sau uku Brijlal na kawo mata takarda ta dangwala yatsa ta sallama masa gonar, sau uku tana ɓoye hannunta cikin farin sarinta, zanen takaba. Shekaranjiya sai ya tashi da fara'a, wai zai kai ta ziyarar ibada garin Vrindavan ta yi wa mamacin addu'a.

"Zazzaɓi ya ɗauke ta a can," ya ce, idonsa a ƙasa. "Ni na cinna wa gawarta wuta da hannuna. Kashe murhun nan, gidan makoki ne."

Kusum ta yi kuka har muryarta ta dushe. Phoolmati ce ta tarbe ta ranar da aka kawo ta amarya, ita ta riƙe ta ranar haihuwa. Mijin ma tausayinsa take ji, don son da take masa ba na wasa ba ne. Mutumin da kafin aurensu yake tuƙo keke tun daga ƙauyensu don kawai ya hango ta a bakin rijiya!

Rana ta huɗu da tsakar rana ta shiga ɗaki ta tarar da shi ya zura hannu cikin kwalbar tsamin mangwaro mai gishiri yana lasa. Yana ganinta ya yi murmushi, ya janyo gefen sarinta.

Ta tsaya cak. Wanda ya cinna wa gawa wuta, kwana goma sha uku ba shi ba gishiri, ba shi ba gado, ba shi ba matarsa. Da wansa ya mutu haka ya kiyaye har ya rame, don Brijlal ya fi tsoron fushin matattu a kan 'yan sanda.

"Tana raye," in ji Kusum.

"Ke, rufe min baki!"

"Ina ka kai ta?"

Ya goge yatsa a ƙyallen makokinsa, ya yi tsaki. "Na zaunar da ita a ƙofar ɗakin bauta, na ce bari in sayo mana shayi. Shi ke nan! Irinta sun fi dubu a can, suna waƙa ana ba su shinkafa. Magatakardan filaye ya riga ya rubuta ta mutu, ana gama sadakar sha uku gonar ta koma sunana. Don wa na yi? Ba don ke ba?"

"Don ni? Ni na ce ka—"

Marin da ya ɗauke ta da shi sai da ta ga wuta. Shekara tara suna tare bai taɓa ɗaga mata hannu ba.

"Ki buɗe baki ki gani. In kin fita gidan nan, kin fita ke nan!"

Ta haɗiye maganar. Kwana takwas tana zaune cikin mata ana yi mata gaisuwar mutuwar wadda ba ta mutu ba, tana kallon hoton Phoolmati an rataya masa furanni. Tir da wannan zama! Ana gobe sadaka ta ce za ta je ta taho da mahaifiyarta, ta hau bas ta nufi Vrindavan.

Ta sha yawo cikin zawarawa masu fararen kaya kafin ta gano Phoolmati, tsugune kusa da mai shayi, ta yi baƙi ta lalace, ƙullin kayanta a cinya.

"Kusum! Ina Brijlal? Lafiya yake?" Phoolmati ta riƙe ta. "Ban matsa daga nan ba, kar ya dawo ya rasa ni. Na ce ko mota ce ta buge min ƙanin miji."

Kusum ta durƙusa ta kama ƙafafunta tana kuka.

Washegari an jera baƙi a tsakar gida kowa da ganyensa na cin abinci, limaman addini goma sha uku a gaba, magatakardan filaye na sharɓar madara da shinkafa, sai Kusum ta shigo riƙe da hannun mamaciya. Wayyo, zo ka ga gudu! Wani liman har da tuntsurewa cikin tukunyar miyar wake. Phoolmati ta tsaya gaban hotonta ta daɗe tana kallo, sannan ta juya wajen Brijlal.

"Ƙanena, shayin ne har yanzu?"

Babu wanda ya yi dariya. Kafin mako ya zagayo magatakarda ya gyara rubutunsa don tsoron aikinsa, dattawan ƙauye kuma suka yanke cewa ba mai shan ruwa ko taba da Brijlal. Shi kuwa ya watso wa Kusum kayanta waje. Phoolmati ta karɓe ta, suka noma rakensu su biyu. Wata bakwai Kusum ba ta daina sa jan kwallin aure a tsagar gashinta ba, mata na yi mata dariya.

Ranar yankan rake Brijlal ya zo bakin gona, ya rame kamar kara.

"Kusum, me na yi miki kika tozarta ni a gaban duniya?"

"Maigida, ba mu da ɗa namiji. 'Ya'yan kawunka suna zaune ran nan suna cin sadaka suna koyon yadda ake yi. Ranar da ka mutu, a ƙofar wane ɗakin bautar kake so su ajiye ni?"

Sai ya taka cikin laka, ya kifa goshinsa a kan ƙafar Phoolmati yana kuka kamar yaro. Ita kuwa ta bar shi ya yi mai isarsa kafin ta miƙa masa lauje.

Haƙuri ya mayar wa Kusum mijinta, amma sai da ta haɗa shi da gaskiya. Kai kuma mai hangen gonar bazawara, ka tuna cewa matar da ke gasa maka roti yau, ita ce bazawarar gobe.