Ƙullin da Hansai Ta Kwance

Niƙa kawai ya fitar da Hansai daga gida a yammacin nan. Injin unguwarsu ya lalace, ta kai masararta garin Ƙarfi, layi ya riƙe ta har rana ta yi ja. Gudun kada magariba ta kama ta a hanya, sai ta yanke ta fadama, ta bayan gonakin auduga.

A gonakin nan 'yan bindiga suka ɗauke Maharazu, ɗanta na fari, bara waccan. Ba gawa, ba labari. Masu jaje sun gaji, yanzu a tsaye suke jefa mata "ki yi haƙuri" su wuce. Haƙuri! Kai ka ce a kasuwa ake auno shi. Ita kuwa ko kukan kirki ba ta samu ta yi ba, saboda kunyar ɗan fari. Tun daga yaye surukarta Inna ta ɗauke shi. Hansai ba ta taɓa kama sunansa ba, ba ta taɓa cewa nata ne ba. "Ɗan Inna" take ce masa. Ƙanensa Shitu shi ne na bakinta, kullum ɗana kaza, ɗana kaza. Amma ciwon Maharazu na cin ta a ɓoye, har barci ya ƙaurace mata.

Tana saukowa bakin rafi kwaɗi suka yi tsit.

Warin jiƙaƙƙiyar toka ya daki hancinta. Ga mata jere a bakin ruwa, sanye da fararen zannuwa, kowacce riƙe da zaren auduga mai ƙulli ɗaya. Wata ta kai ƙullin bakinta, ta yi masa raɗa, ta kwance, ta saki zaren a ruwa. Da kuka ta durƙusa, amma da murmushi ta miƙe.

"Sannunku da aiki," in ji Hansai.

"Yawwa, Hansai," wata tsohuwa ta amsa ƙasa-ƙasa.

Hansai kuwa ba ta gaya wa kowa sunanta ba.

"Mu ba ma zaman makoki," in ji tsohuwar. "Namu in ya tafi, sunansa muke faɗa wa ƙulli, mu kwance, ruwa ya tafi da zafin. Ku 'yan Adam kuwa kuna goye da naku har ku ruɓe tare."

'Yan Adam. A nan mai hankali zai zubar da kaya ya ruga. To, amma wallahi Hansai ta gaji. Barci take so, ko na dare ɗaya. Ta sauke ƙwaryar gari, ta karɓi zaren. Sanyi ƙalau.

"Suna," in ji tsohuwar.

"Ma..."

Harshe ya ƙi. Har waiwayawa ta yi, kada wani ya ji ta. Kunya a gaban aljanu, jama'a!

"Suna."

Ta runtse ido. "Ɗana," ta raɗa.

Ƙullin ya warware da kansa. Zaren ya zame daga yatsunta.

"Mun karɓa."

Matan suka juyo gaba ɗaya. Idanunsu farare fat kamar auduga, babu baƙi ko ɗigo.

"Saura wa?" suka shiga raɗa. "Miji? Uwa? Ke kanki?"

Hannu ya kama wuyan hannunta. Wani hannun ya kama zaninta.

Can nesa ladan ya ɗaga murya.

Hansai ta yi a'uziyya da ƙarfi, ta fizge, ta afka cikin auduga. Kara na yankar ƙafarta, raɗa na bin ƙeyarta. Ba ta waiwaya ba.

A bakin gari ta ci karo da Shitu, ya fito nemanta a kan babur, hankali a tashe.

"Umma! Ina kika shiga? Ina garin masarar?"

Ta dube shi. Ta san fuskarsa, ta san sunansa, ta tuna ranar da ta haife shi. Amma zuciyarta ko motsi, tamkar ɗan maƙwabta ne ya gaishe ta. Ta lalubi ciwon Maharazu, ga shi nan daram, ko gezau bai yi ba. Sai a lokacin ta gane wanda ta saki, don mutum ɗaya bakinta ya taɓa kira ɗana.

Ta sha komawa rafin da magariba, tana ƙwala kiran Maharazu, babu sauran kunya. Kwaɗi kaɗai ke amsa mata. An yi rubutu, an yi hayaƙi, a banza.

Da kaka lauje ya sare Shitu a ƙafa, aka shigo da shi jina-jina. Hansai ta wanke raunin da tsumma, ta ɗaure. Tana ɗaurin tana tunanin miyar da za ta kaɗa. Ya daɗe yana kallonta, ƙwalla ta cika masa ido.

"Umma, don Allah me na yi miki?"

Ta kwashe tsumman, ta miƙe.

"Ba ka yi komai ba, ɗan nan."