Akushin Baffa Yero

A garin Unguwar Lalle akwai wata yarinya 'yar aji biyar, mai ɗan karen ban dariya. In ta kwaikwayi muryar mai tallan daddawa, sai ka leƙa waje da kwano. In ta kwaikwayi tafiyar kakarta, kakar ma sai ta yi dariya har ta manta da sandarta.

Shekarar kuwa ta fari ce. Damina ta leƙo ta koma. Gero ya tsaya iya gwiwa ya bushe. A gidan su yarinyar sau ɗaya ake tuƙa tuwo a yini. Amma da yake ba a auna dariya da mudu, ita ba ta yi tsada ba.

A makaranta, malamarsu Malama Larai tana da wani tsohon littafi mai zolayar halayen mutane. A ciki akwai mai doguwar gaisuwa, wanda kafin ya gama tambayar gida da yara kasuwa ta watse. Akwai mai zuwa biki ba gayyata, ya kuma fi kowa ƙorafin gishiri. Yara suna son littafin nan kamar su cinye shi.

Wata rana Malama ta karanta musu labarin Malam Na-Ƙoshi. Shi wannan ya je baƙunta, aka kawo masa tuwo, ya ce, "Na ƙoshi." Nan take cikinsa ya yi ƙululu, ya ƙaryata shi. Mai gida ya ɗauke akushi, aka bar Malam Na-Ƙoshi yana lasar leɓe.

Aji ya kece da dariya. Sai aka kaɗa ƙararrawar tashi.

"Labarin da saura," in ji Malama. "Ma ƙarasa wani lokaci."

Yarinyar ba ta ko ji wannan ba. Tun daga ƙofar aji har gida tana dafe ciki tana cewa, "Na ƙoshi! Ƙululu!" Ƙawayenta suna biye da ita suna faɗuwa don dariya.

Ran Lahadi da rana suka yi baƙo. Baffa Yero ne, makiyayi, aminin babanta Malam Labbo. Shi yake riƙe musu saniyarsu guda ɗaya cikin garkensa. Ya taso daga wajen Turba a ƙafa yana neman ruwa da ciyawa, ya sauka da shanunsa kusa da rijiyar bayan gari. Ya rame ƙwarai, leɓensa duk ya tsage.

Malam Labbo ya shimfiɗa masa tabarma a zaure, suka gaisa. Sannan ya fita nemo masa dusar shanu a maƙwabta.

Uwar yarinyar, Inna Hajo, ta zuba tuwon dawa da miyar kuka a akushi. Ta miƙa mata.

"Kai ma Baffanki. Ki aje, ki dawo."

Yarinyar ta kai. Amma maimakon ta ajiye ta dawo, sai ta tsaya a kansa.

"Baffa, ga tuwo. Bisimilla."

Baffa Yero ya kawar da kai gefe. "Alhamdulillahi, ɗiyata. Na ƙoshi."

Bai rufe baki ba cikinsa ya yi ƙululu.

Wayyo! Abin nema ya samu. Yarinyar ta tuntsire da dariya, ta nuna shi da yatsa.

"Lah, Malam Na-Ƙoshi! Ashe a Turba kake!"

Ta dafe ciki ta kwaikwaye shi. Sannan ta sure akushin, kamar yadda mai gida ya yi a littafi. Ta kira ƙanenta Illo, suka zagaya bayan rumbu suka cinye tuwon tas, har da suɗe yatsa. Gaskiya dai su ma da yunwarsu.

Da Malam Labbo ya dawo da dusa, ya tarar da zaure wayam. An naɗe tabarma an jingine ta da bango. Ya shiga gida.

"Ina Yero? Ya ci abincin?"

"Cewa yay yi ya ƙoshi, Baba," in ji yarinyar. Ta fara ba da labari tana dariya. Tana tsakiyar ƙululu ta lura ba wanda yake taya ta. Sai ta daina.

Inna Hajo ta zauna a kan turmi. A hankali ta ce, "Tuwon ga rabona na. Na haƙura da shi don baƙo."

Malam Labbo bai ɗauko bulala ba. Da ma ya ɗauko da ya fi mata sauƙi.

"Ɗiyata," ya ce, "Yero ba shi cin abinci gaban mutane, balle gaban ɗiyan amininshi. Haka aka tashe shi, kunya ta. Ko yunwa za ta kashe shi, 'na ƙoshi' za shi cewa. Ana aje mishi na, a ba shi wuri. Saniyarmu in tana da rai yau, wahalar Yero ta. Jibi za shi ƙara gaba da shanu. In yat tahi da abin ga a rai, ba shi ƙara taka zauren ga."

Yarinyar ta sunkuyar da kai.

Kashegari a makaranta ta yi tsit. Kowa ya lura, don aji ya yi shiru kamar an yi ruwa an ɗauke.

"Ke ɗiyar Labbo, wa ya sace miki baki yau?" in ji Malama Larai.

Yarinyar ta faɗa mata duk abin da ya faru, idonta cike da ƙwalla.

Malama ta girgiza kai. Ta jawo littafin ta ce, "Ai na ce muku labarin da saura. To ku saurara."

Ashe sauran labarin a kan mai gidan yake, Malam Ɗauke-Akushi. Shi wannan bakinsa na cewa bisimilla, hannunsa na kan akushi yana jiran a ce an ƙoshi. Wata rana shi ma ya yi tafiya, ya sauka gidan Malam Na-Ƙoshi. Aka kawo dambu yana tururi. Don kara ya ce, "Na ƙoshi." Cikinsa ya yi ƙululu har kaji suka firgita. Ya jira a ɗauke akushi. Amma Malam Na-Ƙoshi sai ya tashi ya fita, ya ja masa ƙofa. Malam Ɗauke-Akushi ya ci dambu da kunya a haɗe, kuma kunyar ta fi dambun yawa.

Aji ya sake kecewa da dariya. Wannan karon duk ita ake kallo. Yarinyar ta rufe fuska da mayafi, tana kuka tana dariya.

"Malama, ashe ni ta Malam Ɗauke-Akushi!"

"Ƙwarai kuwa," in ji Malama. "Ni kuma ni ta mai doguwar gaisuwa, ku tambayi mijina. Mai littahin ga ba wanda ya bari. In kin karanta, ki fara neman kanki a ciki kafin ki nemi maƙwabci."

Da yamma aka raba tuwo a gida. Yarinyar ba ta taɓa nata ba. Ta juye shi a akushi, ta rufe da faifai. Illo ya dubi nasa, ya dubi akushin, ya gutsuro rabi ya ƙara a kai yana tura baki.

"Baba, ka raka ni wurin Baffa," in ji ta.

Suka tarar da Baffa Yero a gindin wata aduwa kusa da rijiya, yana gyara igiyar guga. Ta durƙusa har ƙasa.

"Baffa, ina wuni? Na yi maka laihi. Ka yahe mini."

Baffa Yero ya dubi akushin, ya kawar da kai. "Ba komi, ɗiyata. Amma ni na ƙoshi."

"Na sani, Baffa," in ji ta. "Akushin na yay yi mini nauyi. Ka bari in aje shi nan bayan itace. Gobe za ni zowa in ɗauka."

Ta ajiye shi inda ba mai gani. Ta ja hannun babanta suka tafi. Wuyanta yana ta ƙaiƙayin waiwaye, amma ba ta waiwaya ba.

Da safe, kafin makaranta, ta sheƙa rijiya a guje. Shanu suna nan ba su tashi ba. Akushin yana bayan aduwa, an wanke shi fes. Ta ɗaga faifai, sai ga madara a ciki, 'yar kaɗan, irin ta shekarar fari.

"Ke!" Muryar Baffa Yero ce daga cikin shanu. "Ki ce ma Labbo in na dawo daga arewa a zaurenshi za ni sauka. Madarar kuwa taki ta ke da Illo. Sha mana."

Yarinyar ta sunkuyar da kai don kunya. "A'a Baffa, na ƙoshi."

Sai cikinta ya yi ƙululu.

Baffa Yero ya yi dariya har malfarsa ta faɗi. "Lah, ashe a Unguwar Lalle kike!" Sannan ya juya mata baya, ya shiga ƙirga shanun da ya riga ya san yawansu, don ya ba ta wuri.

Ta kurɓi rabi, ta kai wa Illo rabi, tana tsalle har gida.

Tun daga ranar ba ta daina ban dariya ba, ko kaɗan. Amma ta koyi cewa dariya mai daɗi ita ce wadda ake yi tare da mutum, ba wadda ake yi masa ba. Ta kuma koyi cewa in baƙo ya ce ya ƙoshi, a ajiye masa akushi a ba shi wuri.