Taken Sarkin Fawa a Al-Shifa

Da hantsin Lahadi Hajiya Jamilat ta shigo ofishin 'yan sandan unguwar Al-Shifa a Riyadh. Aka tura ta wajen Sufeto Nu'uman, ɗan Saudiyya jikan Hausawa, wanda duk ƙarar mai Hausa a kansa take ƙarewa.

"An sace takardar shaidar asalin 'yata Khairat," in ji ta. "Shekara da shekaru muna kotu da ƙaramar hukumarmu can gida, suna cewa dangin mijina baƙi ne. Mun ci shari'a, aka aiko takardar. Maigida ya ce direbanmu Hamissou bai kawo ba."

Kafin azahar Hamissou na bayan kanta. In laifin ya tabbata, iƙamarsa ta zama a ƙasar ta mutu, sai tarhil, a tasa ƙeyarsa zuwa Maraɗi.

"Wallahi, ranka ya daɗe, daga filin jirgi na amso ambulan, hannu da hannu na ba Alhaji."

"Shaida fa?"

"Allah kaɗai."

Sufeto ya nufi gidan. Maigidan, Injiniya Salmanu, ya tarbe shi da gahawa da dabino, yana baza babbar riga. Shi ne shugaban 'yan garinsu a Riyadh, kuma ba ya gama gaisuwa bai ambaci kakansa ba.

"Mu gidan alƙalai ne, Sufeto. Ƙarya ba ta cikin jininmu. Ban ga ambulan ba."

"Ka nemi a sake aiko wata?"

"Babu gaggawa."

Sufeto ya riƙe wannan. Mutumin da ya sha wuyar kotu, ga 'yarsa na jiran takardar don shiga jami'a, wai shi ne ba ya gaggawa!

Ya keɓe da Hajiya Jamilat. "Da wace hujja kuka ci shari'ar?"

"Kawunsa ne ya tsaya. Maigida ba ya son zancen. Ko saƙon murnar da danginsa suka turo ranar hukunci bai yarda ya saurara ba."

Ta kunna masa a waya. Guɗa ce da kalangu. Sufeto ya kasa kunne. Ya san wannan kiɗan, kakarsa takan kwaikwaye shi da baki a Makka in ta tuna gida. Kiɗan fawa ne.

Ya koma falo da wayar, ya ajiye ta kusa da dabino, ya danna.

Kalangu ya zuba taken Sarkin Fawa. Kafin Salmanu ya ankara, hannunsa na dama ya dunƙule ya tashi sama yana jinjina, kamar yadda duk ɗan gidan ke yi in an buga taken kakansa. Ya dubi hannun. Ya sauke shi a hankali.

"Jikan alƙali ba ya amsa wannan kiɗan, Injiniya."

Salmanu ya sunkuyar da kai, gumi na bin wuyansa. Kunya ta hana shi duban ƙofar da matarsa da 'yarsa suke tsaye.

"An rubuta a jikin takardar," ya ce da ƙyar. "Unguwar Mahauta, zuriyar Sarkin Fawa. Da haka kotu ta yarda mu 'yan gari ne. Hajiya kuma ta gayyaci jama'a walima don a nuna takardar. Na cusa ta ƙarƙashin darduma."

"Ka bar bawan Allah a kulle."

"Na bar shi."

Khairat ta ɗaga dardumar ta zaro ambulan. Ta karanta, ta rungume ta a ƙirji.

"Ƙazafi laifi ne a nan, Injiniya. Yalla, mu tafi," in ji Sufeto. A bakin ƙofa ya ƙara da cewa, "Kakana ma mahauci ne. Da wuƙarsa ya ciyar da mu."

A harabar ofis suka yi kiciɓis da Hamissou, an sako shi, yana ɗaura agogo. Ya ga maigidansa zaune a bayan motar 'yan sanda. Ya matso da sauri, yadda ya saba, ya buɗe masa ƙofa.

"Sannu da zuwa, Alhaji."

Salmanu ya rufe fuskarsa da hannun riga, ya kasa fitowa.