Takalman Namfon

Tun safe yarinyar nan ta kasa zama wuri ɗaya. Ta leƙa taga, ta ciji biro, ta harari ƙawarta Namfon. Yau Namfon za ta je gwajin rawa cikin garin Khon Kaen tare da Kaew, sabuwar ɗaliba. Ita kuwa ko tayi ba a yi mata ba.

Duk hutu a wayar yayarta ta ƙare shi, tana karanta labarin zane na soyayyar wasu samari biyu. Ɗayan mugun kishi gare shi. Ya ƙwace wa ɗan'uwansa waya, ya kulle shi a ɗaki, wai kada a raba su. Abin ya burge ta ƙwarai. A ganinta haka ake riƙe wanda ake so.

A bakin ƙofa suke jera takalma kafin su shiga aji. Ta nemi izinin zagayawa, ta ɗauke na Namfon, ta cusa bayan tukunyar fure.

Da motar makaranta da za ta kai su gwajin ta iso, Namfon ta duba nan, ta duba can, babu takalma. Direba ya gaji da jira, ya ja motarsa. Namfon ta zauna a ƙasa tana kuka.

"Ki yi shiru mana, ai ga ni," in ji yarinyar.

"Ke kin san wahalar da na sha ina koyon rawar nan?"

Yarinyar ta miƙe. Ta je ta ɗauko takalman.

"Don ina son ki na ɓoye."

"Wannan ne so? Riƙe abinki, ba na so."

Ashe Malama Wipada tana jin su. "A ina kika koyo wannan, 'yata?"

Yarinyar ta faɗa mata komai.

"To, shi wanda aka kulle ɗin, kin taɓa ganin an zana shi yana dariya?"

Ta yi ta tunani. "Ko sau ɗaya, Malama."

Kunya ta kama ta. Ta durƙusa ta ba Namfon haƙuri, ta roƙi Malama ta kai Namfon a babur ɗinta. Suka isa wurin gwajin ana gab da rufe ƙofa.

Da yamma Namfon ta dawo da murna, an ɗauke su ita da Kaew.

"Ranar wasa ki zo ki yi mana tafi, ɓarauniyar takalma," in ji Namfon.

Yarinyar ta yi dariya ta ce za ta zo. Ta gane cewa wanda kake so ba a tsare shi, taya shi murna ake yi.